Injin Jirgin Sama da Lissafin Ƙarshen Shekara: Labarin Kamfanin Rolls-Royce

A shekarar 2020 babu maniyyaci ko guda da ya tashi daga Ƙanƙara ko Faskari ko Sabuwa zuwa aikin Hajji. Annobar korona ta sa hukumomin Saudiyya sun taƙaita aikin ga mutane ƙalilan mazauna ƙasar, Nijeriya kuma ta rufe filayen jiragen samanta ga zirga-zirgar ƙasa da ƙasa tun daga watan Maris har zuwa farkon Satumba. Waɗanda suka sayar da masara, ko suka kai shanu kasuwar Sheme domin haɗa kuɗin kujera, sai haƙuri suka yi. Filin jirgin sama na Umaru Musa 'Yar'aduwa da ke Katsina, inda alhazan jihar suka saba tashi, bai ga jigilar alhazai ba a wannan shekara.

A shekarar nan dai, kamfanin Rolls-Royce, wanda babbar masana'antarsa take a birnin Derby na ƙasar Ingila, ya tafka mummunar asara. Tsabar kuɗin da suka fita daga asusunsa sun ɗara waɗanda suka shiga da kimanin fam miliyan 4,200, kuma ya ba da sanarwar rage ma'aikata 9,000 daga cikin 52,000. Kamfanin ba ya sayar da tikiti, ba shi kuma da jirgin haya. Sana'arsa ita ce ƙera injunan da ake rataya wa manyan jirage a ƙarƙashin fukafukansu. To, mene ne ya haɗa zaman matafiya a gida da faɗuwar maƙeri? Amsar tana cikin irin cinikin da kamfanin yake yi, shi kuwa wannan ciniki ba a fahimtarsa sai an san yadda injin kansa yake aiki.

Asalin kamfanin

Sunan kamfanin ya samo asali ne daga mutum biyu, Charles Rolls da Henry Royce, waɗanda suka haɗu a birnin Manchester a 1904, suka kafa kamfanin ƙera motoci a 1906. A lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya ne ya shiga ƙera injunan jirgin sama. Tun 1973 aka raba sashen motocin da na injuna, kuma motocin alfarma masu wannan suna suna hannun kamfanin BMW na Jamus. Kamfanin injunan yana da manyan sassa uku: na jiragen fasinja, da na kayan soja, da na manyan injunan dizal da janareto. Sashen jiragen fasinja shi ne ke kawo kimanin rabin cinikinsa.

Masu wannan sana'a a duniya ba su da yawa. Ban da Rolls-Royce, manyan su ne General Electric da Pratt & Whitney na Amurka, da Safran na Faransa. Dalilin ƙarancinsu shi ne, ƙirƙiro sabon inji yana cin shekaru masu yawa da ɗimbin dukiya kafin a sayar da ko guda.

Yadda injin yake aiki

Duk ɗalibin da ya taɓa hura balan-balan ya sake shi, ya ga ƙa'ida ta uku ta Newton da idonsa: iska tana fita ta baya, balan-balan yana yin gaba. Haka injin jet yake tura jirgi, sai dai shi aikinsa mataki huɗu ne. Da farko wata ƙatuwar fanka da ke bakinsa tana zuƙo iska. Daga nan jerin ƙananan farfeloli, wato kwamfareso, su matse wani kaso na iskar har ta yi zafi ƙwarai. Sai a fesa mata kananzir a cikin ɗakin ƙuna, ta kama da wuta. A ƙarshe iskar mai tsananin zafi ta fita da ƙarfi, ta bi ta kan wasu farfeloli na baya da ake kira tabain, ta juya su, su kuma su juya sandunan da ke juya kwamfareso da fankar gaba.

Alal misali, injin Trent XWB, wanda shi kaɗai ake sanya wa jirgin Airbus A350, faɗin fankarsa ya kai mita 3, kuma a lokacin tashi yana zuƙar iska fiye da tan guda a kowace daƙiƙa. Kusan kashi 9 cikin 10 na wannan iska ba ta shiga ɗakin ƙuna. Fankar ce ke tura ta ta gefe, kuma ita ce ke samar da mafi yawan ƙarfin da ke tafiyar da jirgin.

Ɗan ƙarfen da ke zaune cikin wuta

Wurin da ya fi ko'ina wahala a cikin injin shi ne layin farko na tabain. A cikin Trent XWB akwai ƙananan fukafukai 68 a wannan layi, kowane bai wuce tafin hannu ba. Zafin iskar da ke dukansu ya haura digiri 1,500 a ma'aunin Salshiyas, alhali gaurayen ƙarfen nikel da aka yi su da shi yana narkewa ne a tsakanin digiri 1,300 da 1,400. Wato suna aiki a cikin zafin da ya isa ya narkar da su. Ga kuma juyi fiye da sau 12,000 a minti guda, wanda ke fizgar kowane fiffike da ƙarfin da ya kai nauyin babbar motar safa.

Dabaru uku ne suke hana su narkewa ko tsinkewa. Ta farko, cikin kowane fiffike akwai hanyoyin da ake bi da iska mai ɗan dama-dama, ta fito ta ƙananan huduji, ta lulluɓe shi kamar mayafi. Ta biyu, ana shafe bayansa da wani siririn rufi irin na tangaran wanda zafi ba ya ratsawa da sauri. Ta uku kuwa ta shafi ƙirar ƙarfen kansa. Ƙarfe na yau da kullum ƙananan ƙwayoyi ne birjik manne da juna, kuma idan zafi da nauyi suka haɗu masa, daga mahaɗar ƙwayoyin yake fara tsagewa, kamar yadda katangar bulo take tsagewa ta bin layin siminti. Saboda haka ake zuba kowane fiffike ya daskare a matsayin ƙwaya ɗaya tal, babu mahaɗa ko ɗaya a jikinsa.

Hanyar zubin ba baƙuwa ba ce a Nijeriya. Ana fara yin siffar fiffiken da kaki, a lulluɓe ta da kwaɓin ƙasa mai jure wuta, a narkar da kakin ya tsiyaye, sannan a zuba narkakken ƙarfe a gurbinsa. Da wannan dabara maƙeran Igbo-Ukwu da Ife da Benin suka zuba tagulla ɗaruruwan shekaru da suka wuce. Daga cikin kayan da masana'antun zubi na zamani suke haɗa irin wannan kwasfa da su har da gasasshen kawolin, wato irin farin yumɓun nan da Allah ya albarkaci ƙasar Ƙanƙara da shi.

Duk da waɗannan dabaru, fiffiken yana gajiya. Bayan wasu shekaru na aiki dole a sauke injin daga jikin jirgi, a kai shi masana'anta, a wargaza shi, a sauya abin da ya ci. Wannan garambawul yana cin miliyoyin daloli, kuma a nan ne asirin cinikin yake.

Sayar da awa

Mai karatu zai yi mamaki idan ya ji cewa kamfanin ya daɗe yana sayar da sababbin manyan injunansa a kan faɗuwa. A 2019 ya miƙa manyan injuna 510, kuma bisa lissafinsa, a kan kowane guda ya yi asarar kimanin fam miliyan 1.2. Yana yin haka ne saboda inji guda yakan yi shekara 20 ko fiye yana aiki, kuma a tsawon wannan lokaci yana bukatar kayan gyara da garambawul. Mai sayen saniyar tatsa a kasuwar Sheme ma ba kuɗin ranar yake dubawa ba kawai, yana lissafa nonon shekaru masu zuwa.

Yawancin kamfanonin jiragen da ke amfani da manyan injunan Rolls-Royce suna ƙulla yarjejeniya da shi ta shekaru masu yawa. Suna biyan wani ƙayyadadden kuɗi a kan kowace awa da injin ya yi a sama, shi kuma maƙerin ya ɗauki nauyin gyara. Wannan tsari ya faro ne a 1962 a kamfanin Bristol Siddeley, wanda Rolls-Royce ya saye a 1966. A 2024 kusan kashi biyu bisa uku na cinikin sashen jiragen fasinja daga gyara da kayan gyara ya fito.

Ga misalin da za a iya gwadawa a aji. A ɗauka wani ɗan kasuwa ya kashe naira 500,000 wajen haɗa injin niƙa, ya sayar wa wani mai niƙa a Sabuwa a kan naira 400,000, da sharaɗin za a riƙa biyansa naira 200 a kan kowace awa da injin ya yi aiki, gyara kuma nasa ne. Idan gyara yana cin naira 120 a kowace awa, saura naira 80, sai injin ya yi awa 1,250 kafin a cike giɓin naira 100,000. In yana aikin awa 5 a rana, kwana 250 ke nan, daga nan sai riba. Amma idan faifan niƙan yana saurin cinyewa har gyara ya kai naira 180 a awa, saura naira 20 kacal, sai an yi awa 5,000, wato kwana 1,000. Idan kuwa aka rufe kasuwa injin ya tsaya, ko sisi ba ya shigowa.

Abubuwa biyu ke nan suke riƙe da ribar ɗan kasuwar nan: yawan awannin aiki, da ƙarkon injin. Akwai kuma wani abin lura. Mai sayar da kayan gyara yana cin riba idan inji ya lalace, shi kuwa mai sayar da awa yana cin riba ne idan inji ya daɗe bai lalace ba. Wannan ne ya sa ake cika injunan da na'urori masu auna zafi da girgiza da matsin mai, suna aika bayani zuwa cibiyar kamfanin, domin a gano matsala tun tana ƙarama.

Lissafin shekara shida

A farkon kowace shekara kamfanin yana fitar da rahoton abin da ya samu a shekarar da ta gabata. Lambobi biyu daga cikin rahoton sun isa su ba da labarin: awannin da manyan injunansa suka yi a sama ƙarƙashin yarjejeniyar gyara, da ribar aiki, wato abin da ya rage daga ciniki bayan an cire kuɗin gudanarwa, kafin a biya haraji da kuɗin ruwan bashi.

A 2019 injunan sun yi awa miliyan 15.3, ribar aiki ta kai fam miliyan 808. A 2020 awannin suka faɗo zuwa miliyan 6.6, wato kashi 43 cikin 100 na bara, sai ribar ta koma asarar kusan fam miliyan 2,000. Domin kada ya durƙushe, kamfanin ya sayar da sababbin hannayen jari na fam miliyan 2,000, ya kuma ci bashi mai yawa. A 2021 ya samu ribar fam miliyan 414. A 2022, shekarar da alhazan Nijeriya suka koma Makka da kujeru kimanin 43,000, awannin sun kai kashi 65 cikin 100 na 2019, riba kuma fam miliyan 652. A 2023, da kujerun Nijeriya suka koma 95,000, awannin sun kai kashi 88 cikin 100, ribar ta haura zuwa fam miliyan 1,590. A 2024 awannin suka kai miliyan 15.8, ribar ta kai fam miliyan 2,464 daga cinikin fam miliyan 17,800. A kan ribar wannan shekara ne aka koma raba wa masu hannun jari riba, kwabo 6 na kuɗin Ingila a kan kowane hannu, karo na farko tun zuwan annobar.

Ɗalibi mai lura zai ga wani abu a cikin waɗannan lambobi. Awannin 2019 da na 2024 kusan ɗaya ne, amma ribar ta ninka sau uku. Ashe awa kaɗai ba ta bayyana komai. A watan Janairun 2023 kamfanin ya samu sabon shugaba, Tufan Erginbilgic, wanda ya taɓa aiki a kamfanin mai na BP. A ƙarƙashinsa aka sake tattauna tsofaffin yarjejeniyoyin da ba su da riba, aka ƙara farashi, aka rage kashe kuɗi, aka kuma ba da sanarwar soke guraben aiki har 2,500. Sassan soja da na janareto su ma sun samu kasuwa. A 2022, cikin kowane fam 100 na ciniki fam 5 ne riba. A 2024 ya kusa fam 14. Wannan ƙari yana da masu biyansa: kamfanonin jirage ne suke biyan sabon farashin, su kuma a jikin fasinja suke fanshewa.

Ranar da kaza ta karya kamfani

Tarihin kamfanin ya nuna cewa kuskuren injiniya ɗaya yana iya cinye ribar shekaru. A 1968 ya ƙulla yarjejeniya da kamfanin Lockheed na Amurka cewa zai ƙera wa jirgin TriStar sabon inji mai suna RB211, a kan farashin da aka yanke tun kafin a gama aikin. Injiniyoyin sun yi niyyar yin fukafukan fankar da zaren kabon, saboda ya fi ƙarfe rashin nauyi. To, akwai jarrabawar da dole kowane inji ya ci, domin jirage suna yawan karo da tsuntsaye: ana harba mushen tsuntsu cikin fankar tana juyawa. A 1970 aka harba mushen kaza, fukafukan suka tarwatse. Dole aka koma ga ƙarfen titaniyam, nauyi ya ƙaru, lokaci ya ƙure, kuɗin aikin ya zarce abin da aka yi zato nesa ba kusa ba.

Ranar 4 ga Fabrairu, 1971, kamfanin ya karye. Gwamnatin Birtaniya ta karɓe shi saboda jiragen yaƙinta sun dogara da injunansa, kuma bai koma hannun 'yan kasuwa ba sai 1987. Abin mamaki, da aka gyara RB211 ya fara aiki a 1972, ya zama inji mai ƙarko, kuma daga tsatsonsa ne dangin injunan Trent suka fito.

Irin wannan ta sake faruwa daga 2016, lokacin da aka gano fukafukan tabain na injin Trent 1000, na jirgin Boeing 787, suna tsagewa tun kafin wa'adinsu. Sinadarin farar wuta da ke cikin gurɓatacciyar iska ne yake cin ƙarfen. An ajiye jirage da dama suna jiran gyara, kuma kamfanin ya ƙiyasta cewa matsalar za ta ci kimanin fam miliyan 2,400. Abokan gasarsa ma ba su tsira ba. A 2023 aka gano datti a cikin garin ƙarfen da Pratt & Whitney ya yi wasu sassan injunansa da shi, abin da ya sa aka ajiye ɗaruruwan jiragen Airbus, uwar kamfanin kuma ta rubuta asarar kusan dala miliyan 3,000.

Ƙura ma tana da lissafi

Mutanen kudancin Katsina sun san abin da ƙurar hunturu take yi wa injin babur da na ban ruwa. A cikin injin jet ɓarnar ta fi haka. Ƙurar da ta shiga ɗakin ƙuna tana narkewa ta zama kamar gilashi, ta manne a kan fukafukan tabain, ta toshe hudujin sanyaya su, ta kuma ɓamɓare rufin da ke kare su. Saboda haka injin da ke aiki a ƙasashe masu zafi da rairayi yana komawa garambawul da wuri fiye da wanda ke aiki a Turai. A 2023 shugaban kamfanin jiragen Emirates na Dubai ya fito fili ya koka da ƙarkon babban samfurin Trent XWB a irin yanayin ƙasarsu. Rolls-Royce ya ware kimanin fam miliyan 1,000 domin ƙara wa injunan Trent ƙarko, har da gwajin sababbin rufi ta hanyar hura musu rairayi. Duk ƙarin watan da inji ya yi a jikin fiffike ba tare da an sauke shi ba, riba ce a rahoton ƙarshen shekara.

Abin da ya shafi ɗalibanmu

Nijeriya ba ta ƙera injin jet, kuma idan lokacin babban garambawul ya yi, kamfanonin jiragenta suna aika injunansu ƙasashen waje, su biya da kuɗin waje. Wannan yana daga cikin abubuwan da ke sa tikiti tsada duk lokacin da darajar naira ta faɗi. Tunda kuwa an ga cewa mafi yawan kuɗin wannan sana'a a wajen gyara suke, ƙasar da ta horar da masu gyara ta kama hanyar riƙe wani kaso na kuɗin a gida, ko da ba ta ƙera inji ba.

Wuraren koyon wannan aiki ba su da nisa da Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa. Kwalejin Koyon Fasahar Jiragen Sama ta Zariya, wadda aka kafa a 1964, tana horar da matuƙa da injiniyoyin gyaran jirage. Jami'ar Ahmadu Bello tana da sashen nazarin ƙarafa da na injiniyan injuna, a Kaduna kuma akwai Cibiyar Fasaha ta Sojan Sama. Mabuɗin shiga dukkansu shi ne lissafi da fizis da kemistiri na sakandare.

Malamai kuma suna iya mayar da lambobin da aka kawo a sama darasi. A sa ɗalibai su zana awannin tashi da ribar kowace shekara a kan takardar giraf, su nuna inda layukan biyu suka tafi tare da inda suka rabu, sannan su faɗi dalili. Daga nan a aike su wurin mai injin niƙa na unguwarsu, su tambaye shi awa nawa injinsa yake yi a rana, da nawa gyara yake ci a wata, su lissafa masa ribar awa guda.